"A Ba Mu Maganar Mu Koma Gida": Sulhu a Kan Manyan Laifuka a Zangonnin Accra da Gyaran da Doka Ke Buƙata

A Nima, a Maamobi, a Sabon Zango ko Fadama, da wuya rigima ta kwana a ofishin 'yan sanda ba a ga dattijai sun zuba manyan riguna sun bi bayanta ba. Roƙonsu bai cika sauyawa ba: "Ofisa, a ba mu maganar nan mu koma gida mu sasanta." Sau da yawa alheri suke ƙullawa. Mai gida da ɗan haya sun yi cacar baki har ta kai ga mari, samari sun dambace bayan kallon ƙwallo, maƙwabta sun zagi juna a kan kwata. Duk wanda ya san zaman gidan haya, inda iyali goma ke bin layin famfo ɗaya, ya san kotu ba ta gyara irin wannan yadda zauren sarki ko tabarmar liman ke gyarawa. Ba ni da ja a nan, doka ma ba ta da ja.

Abin da ke damuna shi ne wannan tawagar dai, da wannan lafazin dai, ita ake tayarwa ranar da aka yi wa yarinya 'yar shekara goma sha ɗaya fyaɗe, ko aka daɓa wa wani wuƙa ya kwana a asibitin Korle Bu rai a hannun Allah. A nan ne sulhu ke tashi daga gyaran zumunci ya koma sayen shirun wanda aka zalunta.

Dokar Ghana ta ja iyakar tun da daɗewa. Sashe na 73 na Dokar Kotuna ta 1993, mai lamba 459, ya ba alƙali damar ƙarfafa sulhu a shari'ar laifi, har ya dakatar da zama domin a sasanta, in an daidaita ya sallami wanda ake tuhuma. Amma da sharaɗi biyu: kada laifin ya kasance cikin manyan laifuka, kuma kada ya yi muni a yadda aka aikata shi. Fyaɗe babban laifi ne na matakin farko a Dokar Laifuka ta 1960, mai lamba 29, hukuncinsa ɗaurin shekara 5 zuwa 25. Kwanciya da yaro ko yarinya da ba su kai shekara 16 ba, da yardarsu ko ba da yardarsu ba, sashe na 101 ya sa masa ɗaurin da bai gaza shekara 7 ba kuma bai wuce 25 ba. Ji wa mutum rauni da makami shi ma babban laifi ne. Babu alƙalin da doka ta ba ikon ya ce wa masu irin wannan shari'a su je gida su shirya.

Akwai kuma abin da mutanenmu da yawa ba su ankara da shi ba: shari'ar laifi ba ta mai ƙara ba ce. Sashe na 88 na Tsarin Mulkin 1992 ya ce da sunan Jamhuriya ake gurfanar da mai laifi, kuma Antoni Janar, babban lauyan gwamnati, ke da alhakin hakan, ko wanda ya wakilta. Uban yarinya da ya kai ƙara shaida ne kawai. In ya koma ofis ya ce "na janye", ya janye abin da ba nasa ba. Fiye da haka, sashe na 234 na Dokar Laifuka ya mayar da shi laifi mutum ya amince zai fasa ƙara ko ya ƙi ba da shaida don an ba shi kuɗi ko wata alfarma, in ba da izinin kotu ba. Dokar sasanta rikici ba ta hanyar kotu ba, ta 2010, mai lamba 798, ta hana a kai shari'ar laifi gaban masu sasancin gargajiya sai da umarnin kotu. Ko a 2022, da majalisa ta kawo tsarin da wanda ake tuhuma zai amsa laifi a sassauta masa, ta dokar gyara mai lamba 1079, ta cire kisan kai da yunƙurinsa, fyaɗe, lalata ƙananan yara, fashi, satar mutane da wasu laifuka daga cikinsa.

Ke nan a takarda an toshe kowace ƙofa. Duk da haka ana fita, domin shari'ar fyaɗe ba ta mutuwa da takardar janyewa. Mutuwar tsaye take yi. 'Yan sanda sun ba da fom a kai wa likita, fom bai dawo ba. Ko ya dawo, an shiga kotu, sai a ranar shaida a ce yarinya ta tafi wajen gwaggonta a Tamale ko Bawku, wani lokaci ma an ƙetare da ita iyaka. Mai gabatar da ƙara ya miƙe ya ce shaidarsa ba ta zo ba, alƙali ya ɗage. A sake ɗagewa, a sake. Daga ƙarshe alƙali ya kori ƙarar don babu mai bin ta, wanda ake tuhuma ya koma unguwa ana yi masa barka da arziki. Babu inda aka rubuta cewa an yi sulhu, amma kowa a layin ya san an yi, ya san ma nawa aka bayar.

Mai sauƙi ne a ce iyayen da suka karɓi kuɗi ba su da imani. Ni ban yarda da wannan hukuncin ba, domin na ga yadda lissafin yake a gabansu. Uwa mai sayar da waake ko koko a bakin titi, duk ranar kotu ranar asarar ciniki ce, ga kuɗin trotro, wato motar haya, nata da na yarinya, ga zaman jira daga safe har azahar don a ce an ɗage. Kafin a kai nan akwai kuɗin cika fom ɗin likita, wanda aka daɗe ana kuka da shi a ƙasar nan. A 2020 'yar wasa Ama K. Abebrese ta jagoranci koke na neman a soke shi. Wannan kuwa duk da cewa Dokar Hana Cin Zarafi a Cikin Gida ta 2007, mai lamba 732, ta yi alkawarin magani kyauta ga wanda aka ci zarafinsa, ta kuma kafa asusun tallafa masa. A ɗaya gefen ga dangin mai laifi sun zo da kuɗi a hannu yau, suna cewa kuɗin magani ne. Kotu na iya ɗaure mutumin shekara goma, amma ba ta yi wa uwar alkawarin ko sidi ɗaya ba.

Sannan mai laifin ba baƙo ba ne. Galibi wanda yarinya ta sani ne: ɗan mai gida, maƙwabcin ɗaki, kawu, mijin uwa, wani lokaci wanda aka damƙa wa amanar karatunta. In ɗan mai gida ne, bin shari'a na nufin neman wani ɗakin haya a Accra, inda ake neman kuɗin shekara ɗaya ko biyu a dunƙule. In mijin uwa ne, ɗaure shi na nufin tukunya ta daina hawa wuta. Ga kuma maganar da ake raɗa wa uwa a kunne, wadda ta fi duk sauran nauyi: "Hajiya, ki rufa wa 'yarki asiri, in magana ta fita wa zai aure ta?" Su kuma dangin namiji su ce wa uba, "Alhaji, ɗanka ne, hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar." A duk zaman da ake yi, ba a kiran yarinyar. Ana yanke magana a kanta tana ɗaki.

Akwai kuma tsohuwar rashin yarda tsakanin zango da hukuma, wadda ba daga sama ta faɗo ba. Mutanen zangon Asawase a Kumasi ba su manta da matasansu bakwai da 'yan sanda suka harbe a yankin Manso Nkwanta a 2018 ba, waɗanda kwamitin bincike na gwamnati ya ce bai ga hujjar cewa 'yan fashi ne ba. Al'ummar da ke ganin kullum ita ake zargi takan so ta ɓoye abin kunyarta daga idon waje. Na fahimci wannan. Amma yarinya ce ke biyan kuɗin ɓoyewar. Kuma matsalar ba ta zango kaɗai ba ce: a 2017 ƙasar nan duka ta ɗauki zafi a kan yarinya 'yar shekara 4 da aka lalata a Assin Adadientem, bayan an ruwaito cewa basaraken garin ya ce abin bautarsu ya wanke wanda ake zargi. Fastoci da sarakunan gargajiya na wasu ƙabilu suna irin wannan shiga tsakani. Ina maganar namu ne don namu ne.

Tunda da sunan addini ake yawan yin roƙon, ya kamata mu tsaya a nan sosai. Gaskiya ne Alƙur'ani ya ce sulhu alheri ne. Amma hadisin da ya halatta sulhu tsakanin Musulmi ya ƙare da togaciya: ban da sulhun da ya halatta haram ko ya haramta halal. Kuma akwai ƙissar da ta zo a Bukhari da Muslim wadda kamar don mu aka ruwaito ta. Wani mutum ɗansa yana aikin ƙodago a gidan wani, sai ya yi lalata da matar maigidan. Uban ya je ya fanshi ɗansa da tumaki ɗari da baiwa, a tsakaninsu, ba tare da hukuma ba. Da maganar ta kai gaban Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, sai ya ce a mayar masa da tumakinsa da baiwarsa, sannan aka zartar da hukunci. Wato an rushe cinikin gaba ɗaya. Haka nan lokacin da Ƙuraishawa suka tura Usama ɗan Zaidu ya nemi alfarma ga matar nan ta Banu Makhzum da ta yi sata, amsar da ya samu fushi ce, da gargaɗin cewa abin da ya halaka mutanen farko shi ne barin mai daraja in ya yi laifi da hukunta mai rauni. Duk dattijon da zai tashi zuwa caji ofis don ceton ɗan wane, ya dace ya tuna wanda aka tura a wannan ƙissar da abin da aka ce masa.

A mazhabar Malikiyya, wadda a kanta aka yi karatun zauren zangonninmu, wanda ya tilasta wa mace yana biyan ta sadakin irinta, kuma ana yi masa haddi. Biyun tare. Kuɗin haƙƙinta ne, hukuncin haƙƙin Allah da na jama'a ne, ɗaya ba ya sayen ɗaya. Masu cewa ai Musulunci ya yarda da diyya da yafiya a kisan kai sun faɗi gaskiya, magada na da wannan haƙƙin. Sai dai a gaban alƙali ake yi, bayan laifi ya tabbata, kuma Imamu Malik ya ce ko an yafe wa mai kisan ganganci, a yi masa bulala ɗari a ɗaure shi shekara guda. Abin da muke yi a zaure, inda ba a tabbatar da laifi ba, ba a amsa shi ba, aka miƙa ambulan aka shafa fatiha, ba shi da gurbi a fiƙihun da muke taƙama da shi. Mafi muni shi ne sulhun da ake rufewa da cewa a aura masa ita. Dokar Yara ta 1998, mai lamba 560, ta sa shekara 18 a matsayin mafi ƙarancin shekarun aure, ta kuma hana a tilasta wa yaro aure. Ko da babu wannan doka, miƙa yarinya ga wanda ya keta mata haddi zalunci ne na biyu.

Akwai hujjar da na fi jin nauyinta a bakin matasa. Suna cewa manya ma ai sulhu suke yi da gwamnati, don me sai talaka za a hana? Suna nufin sashe na 35 na Dokar Kotuna, wanda ya ba wanda ya jawo wa ƙasa asarar dukiya damar amsa laifi ya mayar da kuɗi maimakon ɗauri. Da shi William Ato Essien, wanda ya kafa bankin Capital, ya yi yarjejeniya a Disambar 2022 zai biya sidi miliyan 90. Ƙorafin na da tushe, domin ɓarawon waya ba shi da irin wannan ƙofa. Amma a duba yadda aka yi: a buɗaɗɗiyar kotu ne, ya amsa laifinsa, an rubuta cewa an same shi da laifi, kuma da ya kasa cika biyan, a Oktoban 2023 aka yanke masa shekara 15. Sulhun zaure ba shi da ko ɗaya daga cikin waɗannan. In mai laifi ya biya rabi ya ƙi cika sauran, babu inda za a kai shi. In ya koma wani gida ya sake yi wa wata yarinyar, babu takardar da ta san ya taɓa yi. Wannan na ƙarshen shi ne dalilin da ya sa shari'ar ta zama ta Jamhuriya tun farko: iyalin da suka yafe ba su da ikon yafewa a madadin 'yar maƙwabta da ba a taɓa ba tukuna.

To me za a gyara a doka? Abin da aka fi kira a kai duk lokacin da wani labari ya tashi shi ne a tsananta hukunci ga masu shiga tsakani. Ina goyon baya, amma a duba kan wa sandar za ta sauka. Yadda sashe na 234 yake yanzu, ƙaramin laifi ne, kuma lafazinsa ya fi kama wanda ya karɓi kuɗi ya yi shiru, wato uwar nan mai koko. Wanda ya kira zaman, wanda ya kawo ambulan, da jami'in da ya ce "ku je ku daidaita ku dawo ku gaya mini", sai an bi ta hanyar tuhumar taimaka wa laifi kafin a kai gare su. Ya kamata majalisa ta juya wannan: a rubuta laifi na musamman ga duk mai riƙe da muƙami, sarki ne, liman ne, fasto ne, shugaban makaranta ne ko ɗan sanda, da ya shirya ko ya matsa a kashe shari'ar fyaɗe ko ta lalata yara. Uwar da aka matsa wa lamba kuwa a ba ta kariya in ta fito ta faɗa. In aka fara ɗaure iyaye, ba sulhu za a kashe ba, kai ƙara za a kashe.

Amma ko an yi wannan, ban ga zai wadatar ba muddin gwamnati ba ta shiga gasar da dangin mai laifi ke cinyewa ba. Sashe na 148 na dokar tsarin shari'ar laifuka, mai lamba 30, ya riga ya ba kotu ikon umartar wanda aka samu da laifi ya biya diyya ga wanda ya cuta. Ikon zaɓi ne, alƙali na iya yi ko ya bari. A mayar da shi wajibi a laifukan fyaɗe da rauni mai tsanani, a sa mai gabatar da ƙara ya kawo lissafin magani da karatun da aka rasa, kuma inda mai laifi ba shi da komai asusun da Dokar 2007 ta kafa ya biya. Kuɗin fom ɗin likita kuma a ɗora shi kai tsaye a kan inshorar lafiya ta ƙasa, likita ya karɓi haƙƙinsa daga can, kada uwa ta ciro ko kwabo. Ranar da iyali suka san za su sami diyya ta halal tare da hukunci, ambulan zai rage daraja. Wannan shi ne tsarin Malikiyya da na ambata, kuma ban ga abin da zai hana dokar ƙasa ɗaukar sa ba.

Sai maganar shaida. Tunda ɓacewar yarinya ke kashe shari'a, doka ta ba da dama a ɗauki bayaninta a bidiyo da wuri, a gaban alƙali, lauyan wanda ake tuhuma ya yi tambayoyinsa a lokacin, a adana. In an yi haka cikin makonnin farko, tura ta ƙauye ba zai amfani kowa ba, kuma an hutar da ita maimaita labarin a gaban jama'a bayan shekara biyu. A sa wa'adin kammala irin waɗannan shari'o'i. A kuma hana ofishin 'yan sanda rufe fayil ɗin fyaɗe sai da rubutacciyar amincewar ofishin Antoni Janar, tare da dalili. Muna da Dokar Kare Shaidu tun 2018. Iyalin da mai gida ke barazanar kora don sun ƙi janyewa su ma shaidu ne masu buƙatar kariya.

Akwai wuri ɗaya da nake ganin tsaurin doka da kansa yana tura mutane zaure. Saurayi ɗan shekara 18 da budurwarsa 'yar 15, ciki ya fito. A doka wannan lalata ƙaramar yarinya ce, kuma in an same shi da laifi alƙali ba shi da ikon sauka ƙasa da shekara 7, daidai da ƙasan hukuncin magidanci ɗan shekara 50 da ya yaudari 'yar firamare. Iyalai biyun sun san haka, shi ya sa ba sa kusantar kotu, yarinyar kuma ta tashi ba kulawa ba tsarin ciyar da jariri da doka ta tabbatar. Ina ganin ya dace a ba alƙali ɗan sarari a nan, mai ƙunci ƙwarai: inda tazarar shekaru kaɗan ce, babu tilas, babu amana ko iko a tsakani, kuma jami'in jin daɗin jama'a ya gana da yarinyar ita kaɗai. Na san haɗarin, domin duk ƙofar da aka buɗe masu kuɗi za su nemi bi ta ciki. Shi ya sa dole ta kasance a hannun alƙali, a rubuce, ba a hannun dangi ba.

Haka sashe na 24 na Dokar 2007, wanda ya yarda a sasanta cin zarafi a cikin gida in bai yi muni ba kuma mai ƙara ta nema. Matar da mijinta ya doka, wadda surukai da iyayenta suka kewaye, kalmar "na yafe" a bakinta ba kullum take fitowa daga zuciya ba. Ya kamata doka ta fayyace cewa in an taɓa yin sulhu sau ɗaya ya sake, ko an yi amfani da makami, ko an shaƙe ta, ko tana da ciki, ƙofar sulhu ta rufe.

Duk wannan ba ya nufin a kori sarakunan zango da limamai da magajiyoyi daga maganar. Babu wanda ya kai su sanin gidajen, kuma sashe na 17 na Dokar Yara ya ɗora wa duk wanda ya sami labarin cin zarafin yaro nauyin kai rahoto ga sashen jin daɗin jama'a, su ma suna ciki. Tawagar da ke zuwa roƙon a saki mai laifi ita ce za ta iya raka uwa ofishin DOVVSU, sashen 'yan sanda da aka kafa tun 1998 don irin wannan. Asusun masallaci da ke sayen tabarmi na iya biyan kuɗin mota na ranakun kotu. Sarki na iya kiran mai gida ya gaya masa ba za a kori wannan iyali ba. Shirya dangin biyu don kada gaba ta gadu, wannan aikinsu ne, kuma yana nan yana jiran su bayan hukunci.

Abu ɗaya ba ya jiran majalisa. Maganin da ke kare wadda aka yi wa fyaɗe daga kamuwa da cutar ƙanjamau dole a fara shan sa cikin awa 72, maganin hana ɗaukar ciki na gaggawa shi ma kwanakinsa kaɗan ne, kuma alamun da likita zai rubuta suna gushewa da wanka da wucewar lokaci. Kwana ukun farko da ake ɓatawa ana aike tsakanin gidaje ana jiran Alhaji ya dawo daga tafiya su ne kwanakin da yarinya ta fi buƙatar likita. Ina roƙon ofishin Babban Limamin Ƙasa, Sheikh Osman Nuhu Sharubutu, da majalisar sarakunan zango su fitar da matsaya a rubuce, a karanta a masallatan Juma'a na Accra da Kumasi, cewa babu sarki ko liman da zai zauna sulhu a kan fyaɗe, kuma duk wanda aka kawo wa irin wannan magana aikinsa na farko ya sa a kai yarinyar asibiti a ranar.